WASANNIN BIDIYO NA MANYA: Inda ake auna namiji da abin da ya zaɓa

Mutane da yawa in sun ji an ce wasan bidiyo, abin da ke zo musu a rai shi ne samari sun taru gaban tele suna buga ƙwallon ƙafa da ƴan yatsu. Amma tun wajen shekara ta 2010, waɗansu manyan kamfanoni na Amurka, da Faransa, da Polan suka shiga fito da wani irin wasa da aka yi domin manya, wanda a cikinsa mai wasa ne ke yanke shawara a madadin jarumin labari, sa'an nan ya zauna ya ga abin da shawararsa ta haifa. Da yawa daga cikin waɗanda suka fi shahara kuwa tambaya guda suke jujjuyawa: mi ake nufi in an ce wane namiji ne?

Abinci huɗu, bakuna goma

Ga mutum goma sun ɓuya cikin wani tsohon masaukin baƙi a jihar Jojiya ta Amurka. Wata uku ke nan da wata annoba ta auka wa ƙasar, matattu suna tashi suna cin masu rai, kuma yunwa ta soma kama su. Abin da za a raba a yinin nan guda huɗu ne kacal: rabin tuffa, da yankin kilishi, da ƙunshi biyu na biskit da cuku. Sai aka danƙa su a hannun wani mutum mai suna Lee Everett, aka ce ya raba. A cikin mutanen akwai yara ƙanana, akwai ƙarfafan da ke gyaran shinge, akwai kuma wani dattijo mai ciwon zuciya wanda ya ƙi jinin Lee. Duk yadda aka yi, mutum shidda za su kwana da yunwa, kuma kowanensu zai san wanda ya hana shi.

Wannan ya faru ne cikin wasan The Walking Dead, wanda kamfanin Telltale na Kalifoniya ya fitar kashi biyar a shekara ta 2012. Lee malamin tarihi ne a jami'a, wanda kotu ta ɗaure saboda ya kashe mutumin da ya tarar da matarsa. Yana cikin motar ƴan sanda a kan hanyar gidan kaso annobar ta ɓarke, ya kuɓuta, ya tsinci wata yarinya ƴar shekara 8 mai suna Clementine wadda iyayenta suka yi tafiya ba su dawo ba. Daga nan aikin mai wasa shi ne riƙon yarinyar nan.

In an yi wa Lee magana, amsoshi uku ko huɗu ne ke fitowa bisa allon tele, da wani ɗan layi da ke ƙanƙancewa yana nuna lokacin da ya rage. In mai wasa ya yi jinkiri, Lee ya yi shiru ke nan, shirun ma kuwa amsa ne. Wani lokaci sai rubutu ya fito a kusurwa yana cewa yarinyar za ta tuna da wannan. Masu iya magana sun ce magana zarar bunu ce, to haka take a nan, domin wasan yana ajiye abin da aka faɗa ya ci gaba. A ƙarshen kowane kashi kuma ana nuna wa mai wasa kashi nawa bisa ɗari na sauran jama'a suka zaɓi irin abin da ya zaɓa, watau ya ga matsayinsa cikin mutane.

Abin da ya sa wasan ya zama abin zance shi ne ƙarshensa. Ko mi aka zaɓa, ana cizon Lee a kashi na huɗu, kuma yana mutuwa a na biyar. Ko ya yarda an yanke masa hannu ko bai yarda ba, duk ɗaya ne. Abin da ya rage a hannun mai wasa shi ne irin tarbiyyar da ya bar wa yarinya: ko ya yi mata ƙarya, ko ya yi sata a gabanta, ko ya kashe wanda ya riga ya faɗi tana kallo. Kafin ya cika ma, sai da wani baƙo ya zaunar da shi ya jera masa laifuffukansa ɗaya bayan ɗaya, kuma laifuffukan nan su ne ainihin waɗanda mai wasa ya zaɓa da hannunsa.

Daga jarumin ƙarfe zuwa uba

Labarin da mai karatu ke zaɓa wa hanya ya girmi waɗannan na'urori. Waɗanda suka yi lakkol a shekarun 1980 za su iya tunawa da ƙananan littattafan da gidan ɗab'i na Gallimard ya riƙa bugawa a Faransa, inda ake ce wa mai karatu in yana son shiga kogo ya buɗe shafi kaza, in yana son gudu ya buɗe shafi kaza. Na'ura mai ƙwaƙwalwa ta ɗauki wannan dabara ta ƙara mata hoto da murya, da kuma iya tuna duk abin da aka zaɓa tun farko.

Sai dai jaruman wasannin farko ba su da ruwa da nadama. A wasan Doom na 1993, ko Duke Nukem 3D na 1996, jarumi ƙato ne mai bindiga, ba ya tsoro, ba ya kuka, ba wanda zai tambaye shi dalili. Haka ma Kratos na wasan God of War na 2005, sojan Girka wanda aka yaudara ya kashe matarsa da ɗiyarsa, ya mai da baƙin cikinsa fushi, ya bi allolin tatsuniyar Girkawa da kisa. Da kamfanin ya sake fito da shi a 2018, sai ga shi da gemu, yana tafe da ƙaramin ɗansa Atreus za su kai tokar uwar yaron bisa ƙololuwar dutse, yana fama da yadda zai hori yaro ba tare da ya zuba masa irin zafin zuciyarsa ba.

Wani ɗan jaridar Amurka mai suna Stephen Totilo ya lura tun 2010 cewa wasannin bidiyo sun soma cika da ubanni. Ɗaya daga cikin dalilan a fili yake: samarin da suka shiga sana'ar sun manyanta, sun yi iyali. Cory Barlog, wanda ya jagoranci God of War na 2018, ya sha faɗin cewa zamansa uba ya shiga cikin labarin, kuma Neil Druckmann, marubucin The Last of Us, an haifa masa ɗiya yana tsakiyar aikin wasan. Masu saye su ma sun girma, kuma kamfani yana bin kasuwa ne.

Gwaje-gwaje biyar na wani uba

A birnin Paris akwai kamfanin Quantic Dream, wanda David Cage ya kafa a 1997. A shekara ta 2010 ya fitar da Heavy Rain, labarin wani mai zanen gine-gine, Ethan Mars, wanda mota ta kashe babban ɗansa a gabansa, aurensa ya lalace, sa'an nan aka sace ƙaramin. Wanda ya sace yaron ya ajiye shi cikin rami da ruwan sama ke cikawa sannu a hankali, ya aiko wa uban da gwaje-gwaje biyar, kowane in ya ci za a ba shi waɗansu haruffa na adireshin wurin.

Na farko ya tuƙa mota da gudu yana fuskantar motocin da ke tahowa a kan babbar hanya. Na biyu ya yi rarrafe bisa fasassun kwalabe ya ratsa wayoyin lantarki. Na uku ya yanke yatsansa guda. Na huɗu ya kashe wani mai sayar da ƙwaya. Na biyar ya sha guba. Mai wasa yana da ikon ƙin kowane ɗaya, labari kuma ya ci gaba da abin da ƙin ya jawo. Haka in ɗaya daga cikin mutane huɗun da ake wasa da su ya mutu, ba a komawa baya, sai a ci gaba ba shi.

Gwaji na huɗu shi ne mai wuyar haɗiya. Huɗun sauran duk jikin Ethan ne ke biya, shi kuwa wannan ran wani ne. Da aka rutsa mai sayar da ƙwayar, sai ya durƙusa ya nuna hoton ɗiyansa mata biyu, ya ce shi ma uba ne. A nan ne mai wasa zai tsaya ya auna, ko son ɗansa ya ba shi izinin mai da ƴaƴan wani marayu.

Baron da Geralt: ubanni biyu cikin labari guda

Kamfanin CD Projekt Red na birnin Warso a ƙasar Polan ya fitar da The Witcher 3 a watan Mayu na 2015, bisa littattafan marubucin ƙasar, Andrzej Sapkowski. Ya zuwa 2023 an sayar da fiye da miliyon 50. Jaruminsa Geralt maharbin dodanni ne da ke neman Ciri, yarinyar da ya riƙa kamar ɗiyarsa.

A hanya sai ya gamu da Philip Strenger, tsohon soja da ya mamaye wani yanki, wanda mutane ke kira Baron mai jini. Mutum ne mai fara'a da kyauta, kuma shi ya ba Ciri masauki sa'ad da ta zo da rauni. Ya roƙi Geralt ya nemo masa matarsa Anna da ɗiyarsa Tamara, ya ce sace su aka yi. Bincike ya nuna gudu suka yi. Baron mashayi ne, ya yi shekaru yana dukan matarsa tun ran da ya dawo daga yaƙi ya kashe mutumin da ta so a bayansa. Daren da suka gudu ya doke ta cikin maye, ya farka ya tarar ciki ya zube, ya ɗauki ɗan tayin ya turbuɗe ba suna. Bisa tatsuniyar wasan, irin wannan ɗan tayi yana tashi ya zama dodo. Mai wasa zai zaɓa: ko a kashe dodon, ko a sa Baron ya ɗauke shi a hannunsa, ya raɗa masa suna, ya nemi gafara, ya binne shi a bakin ƙofar gida.

Marubutan ba su wanke Baron ba, kuma Tamara ba ta yarda ta koma gidansa ba ko da wace hanya aka bi. Ƙarshensa kuwa ya rataya ne a kan wata shawara da mai wasa ke yankewa can wani wuri dabam, game da wani aljani da aka ɗaure a gindin itace. In aka sake shi, zai ceci waɗansu marayu, amma ya hallaka wani ƙauye, Anna ta mutu, Baron kuma ya rataye kansa. In aka kashe shi, marayun sun tafi ke nan, Anna ta rayu da taɓin hankali, Baron ya ɗauke ta ya tafi neman mai magani. Mai wasa ba ya ganin sakamakon sai bayan awoyi, lokacin da da-na-sani ta riga ta zama ƙeya.

Makomar Ciri ita ma haka aka gina ta. Ko ta rayu ta zama maharbiya, ko ta hau gadon sarauta, ko ta tafi ba ta dawo ba, abin ya dogara ne ga waɗansu ƙananan shawarwari biyar da ba su yi kama da manyan al'amura ba. Sa'ad da take baƙin cikin mutuwar tsohon malaminsu, Geralt ya kai ta shan giya ne ko ya yi wasan jifa da ƙanƙara da ita? Da mahaifinta na jini, sarkin sarakuna, ya miƙo masa kuɗin lada a gabanta, ya karɓa ko ya ƙi? Da za ta gana da manyan matsafa mata, ya bar ta ta shiga ita kaɗai ko ya bi ta ya yi magana da bakinta? Da ranta ya ɓaci, ya bar ta ta huce ko ya ce ta yi shiru? Da ta nemi zuwa kabarin saurayin da ya cece ta, ya raka ta ko ya ce ba lokaci? Masu wasa da yawa da suka ɗauka kare yarinya shi ne tsare ta da yi mata komi, sun ƙare da rasa ta.

Bashin da ya zama ajali

Ƴan kasuwa za su fi gane labarin Arthur Morgan na wasan Red Dead Redemption 2, wanda kamfanin Rockstar ya fitar a watan Oktoba na 2018, ya kuma tara dalar Amurka miliyon 725 cikin kwana uku na farko. Labarin yana faruwa a 1899 a yammacin Amurka. Arthur ɗan fashi ne, hannun daman shugaban gungunsu, kuma cikin ayyukansa har da karɓo bashin da wani mai ba da rance da ruwa na gungun ya ɗora wa talakawa. Wata rana aka aike shi wurin wani manomi mara lafiya, Thomas Downes. Ya doke shi a gaban iyalinsa, manomin ya yi masa tari da jini a fuska. Mai wasa ba shi da ikon tsallake wannan aike.

Bayan wani lokaci mai tsawo Arthur ya soma tari, likita ya ce tarin fuka ne. A 1899 kuwa ba shi da magani, domin sai a 1943 aka gano maganin streptomycin. Daga nan labari ya juya. Arthur ya sake haɗuwa da matar Downes a wani garin haƙar gawayi, talauci ya jefa ta karuwanci, ɗanta yana aikin rami. Wasan yana da ma'aunin mutunci da ke hawa ko sauka bisa ga halin mai wasa: yafe bashi, ko taimakon baƙo, ko zaluntar mara ƙarfi. A ƙarshe zai zaɓi ko ya taimaki abokinsa John Marston ya tsira ya koma ga matarsa da ɗansa, ko ya koma neman kuɗin gungu. Arthur mutuwa zai yi ta kowace hanya. In mutuncinsa ya yi sama, yana cikawa ne yana kallon fitowar rana. In ya yi ƙasa, maci amanar gungun ne ke kashe shi.

Inda aka hana zaɓi, da inda ake suka

Akwai kuma wasan da ya ƙi ba mai wasa zaɓi da gangan. A The Last of Us na kamfanin Naughty Dog, wanda ya fito a 2013, Joel ya rasa ɗiyarsa tun farkon wata annoba. Bayan shekara 20 aka ba shi rakiyar Ellie, ƴar shekara 14 wadda cutar ba ta kamawa. Da suka isa asibitin da ake fatan haɗa riga-kafi, sai ya gane aikin tiyatar zai kashe ta. Ya buɗe wuta, ya kashe likitan, ya ɗauke ta, sa'an nan ya yi mata rantsuwa bisa ƙarya. Mai wasa ko yana so ko ba ya so, da yatsansa za a kashe likitan nan. A kashi na biyu, na 2020, ɗiyar likitan ce ta biyo sawu ta kashe Joel. Abin da mutum ya shuka shi zai girba, ko da son ɗiya ne ya sa shi shukawa.

Masu nazari suna da suka iri uku a kan waɗannan wasanni, kuma kowace tana da tushe. Ta farko, zaɓin yana da iyaka. In labari ya rabu biyu sau goma a jere, hanyoyi 1024 ke nan, ba kuwa kamfanin da zai iya biyan marubuta da masu zane da masu murya domin dukansu. Saboda haka rassan suna rabuwa ne su sake haɗuwa. A 2012 masu wasan Mass Effect 3 sun yi ta ƙorafi cewa shawarwarin da suka tara tun 2007 ba su canza ƙarshen ba sosai, har kamfanin BioWare ya fitar da ƙarin bayani kyauta. Shi kansa Telltale, duk da sunan da ya yi, ya durƙushe a watan Satumba na 2018, ya sallami ma'aikata kimanin 250 rana ɗaya.

Ta biyu, jarumin ya koyi kuka da nadama, amma hannunsa bai rabu da makami ba. Joel da Kratos da Arthur suna kashe mutane barkatai tsakanin wata hira mai taushi da wata, kuma riƙon yaro ya kan zama sabon izinin zubar da jini. Ta uku, uwaye ba su nan. Uwar Atreus ta mutu kafin a fara, uwar Clementine ta ɓace, matar Ethan ta rabu da shi. Sau da yawa ana sa mace ko yarinya cikin labari ne domin namiji ya sami dalilin gyaruwa.

Duk da haka akwai abin lura game da masu wasan kansu. Wani tsohon ma'aikacin BioWare, John Ebenger, ya bayyana a 2020 cewa kimanin kashi 92 bisa ɗari na masu wasan Mass Effect hanyar kirki suka bi, alhali an yi wahala wajen rubuta hanyar mugunta. Watau ko inda ba alƙali, ba maƙwabci mai gani, mafi yawan mutane ba su son su ga kansu azzalumai.

Abin da ya kamata mai gida ya sani

Waɗannan wasanni ba na yara ba ne. Cikinsu akwai jini, da ashar, da shaye-shaye, waɗansu har da tsiraici. Tun 2003 ƙasashen Turai suke da tsarin PEGI, mai sa lambar shekaru bisa kwalin kowane faifai: 3, 7, 12, 16 ko 18. Heavy Rain, da The Witcher 3, da The Last of Us, da Red Dead Redemption 2 duk lamba 18 ke gare su, cikin jan gida. Faifan da aka yi domin kasuwar Amurka kuwa yana ɗauke da harafin M na hukumar ESRB, wadda aka kafa a 1994, ma'anarsa daga shekara 17 zuwa sama. Mai gidan da ya sayo wa yaransa na'urar PlayStation a Yamai, ko Maraɗi, ko Damagaram, ko Tawa, duba wannan lamba ba zai ci masa minti guda ba. Ya kuma sani cewa irin su The Witcher 3 su kan ci awa 50 ko fiye kafin a kai ƙarshe, lokacin da ɗan lakkol ba shi da shi.

In kuwa saurayi ya riga ya kai munzali yana buga su, to akwai hira a ciki wadda uba zai iya ja. Hausawa sun ce namiji barkono ne, sai an tauna a kan san yajinsa. Ana iya tambayarsa wa ya ba abincin nan huɗu, ko ya harbi mutumin da ya nuna hoton ɗiyansa, ko ya karɓi kuɗin sarki a gaban Ciri, da dalilin da ya sa. Amsar da zai bayar za ta nuna wa uban abin da ɗansa ya ɗauka shi ne zama namiji, tun kafin duniya ta yi masa irin wannan tambaya a kasuwa, ko a ofis, ko a cikin gidansa.